Gobarar da Ba Ta Ci Gidan Baba Ba

Malali, Kaduna,
9 ga Mayu, 1977.

Zuwa ga Yayata Maimuna,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Bayan gaisuwa mai tarin yawa da begen ganinki, ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta same ki cikin ƙoshin lafiya, ke da Malam Sabo da yara baki ɗaya. Yaya zafin Nguru? Mun ji an ce bana rana ta gasa ku ƙwarai, Allah ya kawo muku damina mai albarka. Mu nan ruwa ya fara sauka, gari ya yi sanyi. Ƙafar Inna ta yi sauƙi, har tana zuwa kasuwa da kanta, ko da yake in ta dawo sai an matsa mata. Baba yana nan lafiya yana fama da kekensa na ɗinki. Uwani ta yi wayo, bakinta ya buɗe, ba ta bari kowa ya huta da tambaya. Allah ya raya mana su gaba ɗaya, ya sa su ji ƙanmu.

Takardar wayar da kika bugo ta iso, kuma abin dariya, a jikin bangon gidan da kike tambaya ko ya ƙone mai kawo ta ya jingina kekensa. To ki kwantar da hankalinki, Yaya. Gidan Baba na Unguwar Shanu yana nan daram, ko tsinke bai ƙone ba. Baba bai yi birgima a ƙasa ba, kuma bai taɓa ɓoye fetur a ƙarƙashin gado ba. Na san duk an faɗa miki waɗannan, domin mu ma har gida aka zo aka faɗa mana. Sai dai ruwa ba ya tsami banza, kuma wanda ya tsamar da wannan ba kowa ba ne illa maigidana, Baban Uwani. Tun da kin bar Kaduna kafin aikinsa ya kai inda ya kai yanzu, bari in faro miki daga tushe.

Kin san shi tun yana rubutu a jikin motoci a tashar Kawo, yana zana zaki da dawisu a bayan manyan motoci. A nan wani babba daga ma'aikatar majigi ya ga hannunsa, ya ɗauke shi don ya riƙa rubuta sunayen da ke fitowa a farkon fim. Da a nan ya tsaya da kowa ya huta. Amma mutum ne da ba ya ganin abu bai kwance shi ya ga cikinsa ba. Ya liƙe wa masu ɗaukar hoto da tambaya, har ya gano abin da yake yawan faɗa mini, wai kyamara ba ta da wayo, duk abin da ka nuna mata a kansa take rantsuwa. Aka zo yin fim na tsafta, ana son a nuna wa mutane ƙuda da kyau, sai ya haɗa ƙuda da auduga da waya, girman zakara, ya ɗora shi a kan tuwo. An ce a wani gari mata sun kwana biyu suna rufe kwano har da dutse. Aka nemi ruwan sama da tsakar rani, ya huhhuda gwangwani ya hau tsani yana zubawa. Aka nemi tsawa, ya girgiza fallen kwano. In ana son mutum ya ɓace, sai ya sa a tsayar da kyamara, mutumin ya fita da ƙafarsa, a ci gaba da ɗauka, mai kallo ya ga kamar ƙasa ta haɗiye shi. Sannu a hankali duk abin da ba zai ɗauku da gaske ba sai a ce a kira shi. Yanzu har ɗakinsa gare shi a ofis, abokan aikinsa suna ce masa Mai Siddabaru, kuma ana maganar za a tura shi kwas Ikko ya ƙaro sani.

Wadda ke shan wahalar wannan ɗaukaka kuwa ni ce. Babu abin da ke zama lafiya a madafata. Rariyata ta tafi aiki, faifaina ya tafi aiki, garin tuwo in na juya baya sai ya ragu, wai hayaƙi ake yi da shi. Baƙin zanen nan da kika ba ni, wata rana na ɗaga shi na ga duk huji, ashe an kunna fitila a bayansa ya zama sama da taurari. Ludayina na duma na neme shi har na gaji, na zargi maƙwabta a raina, Allah ya yafe mini, sai a fim na gan shi yana tafiya a kan ruwa, wai shi kwalekwale ne a tsakiyar kogi. Na ce masa in ya ga dama wata rana ya ɗauke ni ni ma ya mai da ni dutse, ko na huta.

To, kin san yadda fetur ya yi wuya, mutane suna saye suna ɓoyewa a ɗaki don su sayar da tsada, gobara tana ta tashi. Sai aka ce a yi fim na gargaɗi. Ana bukatar a nuna gida yana cin wuta ƙurmus, kuma babu mai ba da gidansa a ƙona. Aka ce a kira Mai Siddabaru. Ya ce su bar masa, zai gina gida ƙarami wanda bai fi kan teburi ba. A tsakar gidanmu ya yi ta gininsa da laka da kwali, ya fasa gwangwanayen madara ya miƙar ya yi rufin kwano, ya kafa ɗan reshe ya zama dogonyaro, har da ɗan keke na waya a jingine. Ina wucewa ina kallo, ina jin kamar na san gidan nan. Ranar da ya shafa wa ƙofar koren fenti, ya karkata taga ɗaya, sa'an nan ya ɗauko siririn tsinke ya rubuta Na Gode Allah a saman ƙofa, sai na tsaya cak. Kin tuna shi ya rubuta wa Baba wannan a saman ƙofa lokacin da yake nemana. Na ce masa ai wannan gidan Baba ne. Ya ce to wane gida ya sani a duniya kamarsa, tun da Baba ya daɗe yana shanya shi a waje kafin ya yarda ya shiga ko zaure, har ya haddace duk wata tsaga da ke jikin bangon. Na ce ina jin tsoro. Ya ce in wuta da hayaƙi suka tashi babu mai duban ƙofa. Abin da ban sani ba a lokacin, shuɗiyar rigar nan da Baba ya ɗinka da hannunsa ya daɗe yana sawa, daga baya ya ba shi, ita ya ɗauka ya sa wa dattijon da ya fito a matsayin maigidan.

Ranar ƙonawa na je da Uwani, a wani fili bayan ofishinsu. Shi da mai ɗaukar hoto suka kwanta rub da ciki a ƙasa kamar masu haƙon gyare, aka ƙyasta ashana, kafin a shanye kofin kunu gida ya zama toka. Uwani ta fashe da kuka, domin ta ɗauka nata ne. Ni kuwa na ce duk wannan wahala a kan ɗan wannan? Sai da aka wanke fim ɗin ya kai ni na gani. Ya ce in aka kawo kyamara kusa, aka ɗauka daga ƙasa, ƙaramin abu sai ya zama ƙato, in kuma aka sa ta gudu da sauri, to a allo wutar sai ta riƙa tashi a hankali da nauyi kamar ta gaske. Yaya, ni da na ba da gwangwanayen madarar da hannuna, da na ga wuta ta kama rufin nan sai da na dafe ƙirji na ce wayyo Inna tana ciki.

Motar majigi ta ɗauki fim ta shiga ƙauyuka, har ƙaddara ta kai ta garinmu can wajen Giwa ranar kasuwa. Bayan magariba aka kafa farin allo, gari ya taru kaf. Gwaggo Hansai, kin san ta da son gaba, ta shimfiɗa tabarmarta a gindin allo. Ana nuna gidan ta ce wannan ƙofa da wannan dogonyaro ta san su. Wani malamin makaranta da ke bayanta ya karanta rubutun saman ƙofa da ƙarfi. Kafin ta gama salati wuta ta tashi, sai ga dattijo an nuno shi ta baya cikin shuɗiyar riga, ya fito da gudu ya faɗi yana birgima. Gwaggo ta kurma ihu ta ce ƙaninta Datti ne, ko a cikin duhu ta san rigar nan. Mai bayanin majigi kuwa da ya ji kuka ya tashi, sai ya ɗauka fim ne ya ratsa mutane, ya ƙara ɗaga murya yana cewa jama'a su dubi ƙarshen mai haɗama, wanda ya tara fetur a ƙarƙashin gado. Gwaggo ta cire takalmi ta jefi allon. Ma'aikatan suka yi ta cewa wasa ne, amma wa zai saurare su? Kowa cewa yake gani ya kori ji.

Ranar Juma'a da hantsi Baba yana zaure yana ɗinki, abin awo rataye a wuyansa, sai ga babbar mota ta tsaya, cike da dangi da buhunan dawa da tabarmi da tukwane da tsofaffin tufafi, har da akuya da kaji. Tun daga kwanar layi mata suka fara kuka. Suna matsowa kukan yana raguwa, yana raguwa, har suka iso ƙofar gida ya rage saura mutum ɗaya, ita ma da ta ga babu mai taya ta sai ta mai da shi tari. Gwaggo Hansai ta sauko, ta shafa bango, ta sunsuna hannunta, ta dubi rufi, sa'an nan ta dubi Baba ta ce ashe har an sake ginawa, lallai ribar fetur ba ƙarama ba ce. Wani dattijo kuma ya kama hannun Baba ya yi masa jaje, ya ce Allah ya kiyaye gaba, amma tsakani da Allah me ya kai shi wannan sana'a da girmansa da furfurarsa. Baba da ko babur bai taɓa mallaka ba, ya tsaya baki buɗe yana bin su da kallo ɗaya bayan ɗaya. Sai da Inna ta fito aka yi ta jan zare, har aka gano inda ƙullin yake.

Nan take Baba ya aika a kira masa Yusha'u, wato maigidana, a ce ya taho da ni. Maigidana ya tsuguna a zaure kansa a ƙasa, dangi sun cika ko'ina. Baba ya ce ƙona gidansa da aka yi ya yafe, tun da ga shi a cikinsa yana zaune. Rigar ma ya yafe. Amma a tara garin da aka binne ubansa, a nuna shi a matsayin mai ɓoye fetur, a kira shi mai haɗama da lasifika, wannan kam ba zai haɗiyu ba. Ya ce ni da Uwani mu zauna a Unguwar Shanu, ba za mu koma Malali ba sai ranar da aka bar wannan aikin ƙarya. In ya so ya koma zanen motoci, domin duk zakin da ya zana a bayan mota ba a taɓa cika mota an zo jaje a kansa ba.

Yaya, a nan dariya ta ƙare mini. Na bi shi har bakin ƙofa, na ga idonsa ya kaɗa ya yi ja. Ya ce mini kada in damu, shi ya jawo, kuma ba zai zaɓi kwali da gwangwani a kan iyalinsa ba, ranar Litinin zai je ya faɗa wa shugabansu ya ajiye aikin. Na san abin da aikin nan yake a wurinsa. Mutumin da ko tuwo yake ci hankalinsa yana kan yadda zai sa wata ya fito da rana, a ce ya bari, ai kamar a ce wa tsuntsu ya riƙa tafiya da ƙafa ne. Na koma cikin gida raina a jagule, ga gwaggwanni sun cika ɗakinmu na da, ga akuyar jaje tana cin shanyar Inna.

Washegari sai ga wata 'yar a-kori-kura ta tsaya, an ɗauro mata kwanon rufi da azara. Wanda ya fito daga gaba, Yaya, ba za ki yarda ba. Baffa Audi ne, ƙanin Baba, wanda rabon da su yi magana tun rasuwar Kaka, a kan gonar fadamar nan, wanda bai zo bikinki ba bai zo nawa ba. Shi bai ga majigin ba, yana can gonarsa aka kai masa labari cewa gidan ɗan'uwansa ya ƙone, ba su tsira da komai ba. Bai tambayi kowa ba, ya hau sabon ɗakin da ya rufa wa kansa ya ɓaɓɓalle kwanon, ga hujin ƙusa nan a jiki kowa yana gani, ya nemi mota ya taho. Ya tsaya ya dubi gida, ya dubi Baba da ke bakin zaure, ya waiwaya ya dubi kwanonsa. Sai ya zauna a ƙasa daɓas yana ta faɗin alhamdu lillahi, hawaye yana bin gemunsa. Can ya miƙe ya karkaɗe riga, ya ce wa direba kada ya sauke komai, tun da gida lafiya yake shi ba shi da sauran abin yi a nan.

Duk wannan Baba bai motsa ba. Sai da direba ya tada mota, sa'an nan ya juya wajen Inna ya ce ta faɗa wa baƙon nan ɗakin baya yana yoyo. Inna ta ce ai shi ma Allah ya ba shi baki. Baba ya yi gyaran murya, ya sake yi, sa'an nan ya kira sunansa, Audi, ya ce ya shigo daga rana. Suka shiga zaure su biyu aka sako labule. Mu muna daga ciki mun kasa kunne, ba ma jin komai, har Gwaggo ta ce ko dai a leƙa kada su shaƙe juna. Can sai muka ji dariyar Baba, irin wadda rabona da jin ta tun ina yarinya.

Baffa ne ya ce lallai a kira masa yaron da ya yi wannan aiki. Da ya zo, Baffa ya dube shi sama da ƙasa, ya ce dattawa sun yi, malamai sun yi, surukai sun yi, duk sun kasa kawo shi ƙofar nan, ga wani ya kawo shi da ashana ɗaya. Ya ce shi dai ba zai koma ba sai ya ga gobarar da ta raba shi da rufin ɗakinsa. Aka aro ƙaramin injin majigi, aka rataya farin yadin Baba a bangon zaure, bayan magariba aka kunna. Da farko Baba sai gyara yake yi, wai dogonyaron ya cika matsowa kusa da ƙofa, wai kekensa bai tsufa haka ba. Da wuta ta kama ƙofar sai Inna ta tashi ta shige ciki tana cewa ita ba za ta iya ba. Da dattijon nan ya faɗi yana birgima, Baba ya yi tsaki ya ce dubi yadda ake wulaƙanta aikin hannu, wuyan rigar nan kaɗai sai da ya ci masa ido. Aka gama. Baba ya tambaya, wai da gaske duk wannan bai fi kan teburi ba? Aka ce masa haka ne. Ya daɗe yana shafa gemu, sa'an nan ya ce shi tela ne, in ya ga aikin hannu yana gane shi, kuma hannun da Allah ya ba mutum ba shi zai ɗaure shi ba. Ya ce a sake kunnawa daga farko.

Sharaɗi biyu ya kafa. Na ɗaya, kada a ƙara ƙona gidan wani dangi, ko na kwali ne. Na biyu, a wanke masa suna a duk inda aka ɓata shi. Maigidana ya roƙi Baba ya bari a yanke wurin da rubutun ƙofa ya fito kawai, magana ta mutu. Baba ya ce a'a, a bainar jama'a aka ɓata shi, a bainar jama'a za a gyara. Don haka yanzu duk garin da motar majigi ta je, kafin a kunna fim sai mai bayani ya yi shela cewa gidan da za a gani na wasa ne, kuma Malam Datti tela na Unguwar Shanu bai taɓa sayar da fetur ba. To kin san halin mutanenmu. Suka ce mutum ba ya irin wannan musu sai da dalili. Yanzu kusan kullum sai wani ya yi sallama a zaure da galan a ɓoye cikin riga, ya rage murya ya ce wa Baba ko ɗan kaɗan ne a taimaka masa, ba zai faɗa wa kowa ba. Baba yakan kore su da almakashi a hannu, amma wasu kafin su fita sai su ga ɗinki ya burge su su ba da awo, har aiki ya yi masa yawa. Gwaggo Hansai kuwa ta koma gida da akuyarta, kuma har yau tana kan bakanta. Ta ce ita da idonta ta gani, kara kawai muke yi wa Datti.

Ni da Uwani mun koma Malali, maigidana yana kan aikinsa, maganar Ikko ma tana nan. Kada ki tayar da hankalinki ki kamo hanya cikin zafin nan, ki bari sai Babbar Salla ku zo gaba ɗaya, ɗakin baya ya sha sabon rufi yana jiranku.

Ki gaishe mini da Malam Sabo da kyau, da Isma'ila da Zainab da ɗan autanki Ila, ki ce ina sa musu albarka. Inna tana gaishe ki, ta ce ki aiko mata da kanwa in kin sami mai zuwa. Baban Uwani yana gaisuwa cikin jin kunya, yana ba ki haƙuri a kan firgitar da kika yi. Baba yana gaishe ki. Baffa Audi ma ya ce lallai in sa sunansa, ya ce yana bin ki gaisuwar shekaru. Da ma cewa ya yi kwana ɗaya zai yi, ga shi har yau yana nan. Jiya da na je na tarar da su a zaure, Baba yana kan keke, Baffa yana gefensa yana zura masa zare a allura, suna gardama a kan wanda idonsa ya fi mutuwa.

Allah ya sada mu da alheri, ya bar zumunci.

Ni ce ƙanwarki mai ƙaunarki,
Sa'adiya.